Ranar da Na Sa Surukaina a Sama

Ba zan taɓa mantawa ba da wata Asabar ta bayan girbin bana, kuma ko na so in manta ba hali, don mutanen gari biyu sun ɗau nauyin tuna mini ita duk ranar kasuwa, kyauta, ba gajiya.

Bari in fara gabatar da kaina yadda ya kamata. Ni ne sakataren ekip, wato ƙungiyar ƙwallo ta garinmu, Tudun Aduwa, can bisa dutse kahin ka gangara Karofane. Ba zaɓena anka yi ba, kuma ban taɓa buga ƙwallo ba tun da uwata ta haihe ni. Abin da ya kai ni ga muƙamin shi ne ilimi. Na yi lekkol, wato makarantar boko, shekara huɗu da rabi (rabin nan ina ƙirga shi, don na sha bulala cikinsa kamar kowa), kuma a cikin tsararrakina ni kaɗai ke iya rubuta sunan mutum har mai sunan ya gane kansa. Shekara da shekaru ina riƙe da wani babban littahi mai baƙin bango, ina rubuta wa ya buga, wa ya ci, wa ya karye. Samari na kirana Baba Sakatare, ni kuma ina amsawa a hankali, kamar mai ɗauke da sirrin gwamnati.

A ƙasan dutsenmu, cikin kwari, akwai garin Kwaren Tsamiya. Nan na auro uwar ɗiyana shekara talatin da takwas da sunka wuce, kuma mahaihinta, Baba Maigari, yana nan da ransa da sandarsa da bakinsa. Tun ranar da anka ɗaura auren ban taɓa kallon tsakiyar idonsa ba, ban taɓa cin abinci gabansa ba, ban taɓa shiga zaurensa da takalmi ba. Gemuna ya yi fari fat, amma in na hango shi a kasuwa, sai in ga kaina ina sha'awar wata rumfa ta daban.

To, shekarar da ta gabata samarinmu da nasu sun yi faɗa a hilinmu. Ragar tamu sanduna biyu ce da igiya a sama. Ƙwallo ya wuce, su sunka ce ƙarƙashin igiya, mu munka ce bisanta. Daga nan sai karan dawa ya fara magana a bayan mutane, wani ya rasa haƙori, anka watse. Masu shirya gasar kwamin ɗinmu, wato ƙaramar hukumarmu, sunka kori ekip biyun duka. Tun daga ranar gaisuwa ta yi tsada tsakanin garuruwan. Uwar ɗiyana ma sai ta koma aika gaisuwa gida ta bakin masu tallan nono.

Da gasar bana ta matso, Mushe Idi (Mushe muke ce wa malaman boko), malamin lekkol na Karofane wanda shi ne alƙalin wasa kuma shi ke tsara gasar, ya kira mu. Ya ce an yi mana sassauci: in munka buga wasan sada zumunta, wanda shi ke ce wa maci amikal, a gabansa, anka tashi lahiya ba wanda ya ɗauki kara, to za a maida mu cikin gasa. Ranar ƙarshe ita ce Asabar mai zuwa, don Lahadi da sahe za a rufe jerin ekip. Ya ƙara da cewa zamanin littahi ya wuce. Yanzu akwai wata manhaja cikin salula, cikinta ake shirya kowane wasa, ita ke aika wa kowa saƙon rana da wuri, kuma wasan da bai shiga cikinta ba, ko an buga shi gaban liman, ba a buga ba.

An tara mu sakatarori a meri, ofishin kwamin, anka koya mana ita yini guda. Da sahe na saurara sosai. Amma da rana anka kawo shinkafa da miya mai mai, kuma ɗakin akwai fanka. Abin da na tuna na ƙarshe shi ne Mushe yana cewa, "Yanzu ku buɗe kunne, nan ne ake yin kuskure." Da na farka ana tafi. Ni ma na tafa, har na hi kowa. Mushe ya ce, "Baba Sakatare, akwai tambaya?" Na ce, "Mushe, wanga abu ai wasan yara ne. Mu da munka yi dikte, malam na faɗi muna rubutawa da alƙalamin tawada?"

Kwamitin garinmu ya zauna, anka yanke cewa tun da a hilinmu anka ɓata, a hilinmu za a gyara. Mu za mu karɓi baƙi, mu yanka akuya, mu dama hura, mu kira makaɗa. Kaftin ɗinmu Sule, mai gyaran moto, wato babur, mutum mai ƴaƴa huɗu da zuciya kusa da baki, ya ce, "Baba Sakatare, ko in shigar da shi da kaina? Na ɗan san abin." Na dube shi sama da ƙasa, na ce, "Sule, kai ka ji da ƙwallo, ka bar wa masu biro aikinsu."

Ranar Talata na hau tudun bayan masallaci inda reso, wato sabis ɗin waya, ke sauka, na buɗe manhaja. Na danna wurin sabon wasa, na zaɓi amikal, komai na tahiya kamar an shafa mai. Sai ga akwati biyu, ɗaya a sama, ɗaya a ƙasa, kowanne na jiran sunan ekip. Yatsana ya tahi kai tsaye zai sa Tudun Aduwa a sama, sai na tsaya cak. In sa sunan garinmu bisa kan garin Baba Maigari? Garin da anka ba ni mata? Kuma saƙon ya tahi har zaurensa, a karanta masa, ya ji surukinsa ya hau bisa kansa ya zauna? Ni da ko tabarma ɗaya ba mu taɓa haɗawa ba? Ai ko a wurin walima baƙo ake fara miƙa wa ruwa. Na sa Kwaren Tsamiya a sama da ladabi, na lallaɓa da garinmu ƙasa, har ina jin daɗin tarbiyyar da iyayena sunka ba ni. Na sa Asabar, ƙarhe huɗu, alƙali Mushe Idi. Da ta nemi lambar wanda za a riƙa aika wa saƙon ekip ɗinmu, na sa tawa (in saƙo ya riƙa zuwa wurin Sule, mi ya rage na sakatarci?). Na danna koren maɓallin aikawa.

Abin da ban sani ba, wanda kuma shi ne anka faɗa lokacin da nake hira da fanka, shi ne manhajar nan ba ta san suruki ba. A wurinta wanda ke sama shi ne mai masaukin baƙi, kuma hilinsa take ɗauka da kanta ta rubuta. Nan take salulata ta yi ƙara, saƙo ya shigo. Na ga Asabar, na ga ƙarhe huɗu, na maida ta aljihu. Ni na rubuta abin da hannuna, don mi zan karanta shi har ƙasa?

A Kwaren Tsamiya kuwa, kamar yadda na ji daga baya, an karanta shi har ƙasa, har sau uku. Sunka ce Allahu akbar, mutanen tudu sun sauke girman kai, za su tako har gida su ba da haƙuri. Su ma sunka yanka akuya. Mushe ya ce shi kansa da ya ga saƙon sai da ya ce a ransa, tsohon nan akwai hikima.

Asabar ta zo. Tun hantsi an share hili, an zuba toka an ja layi, an sayo sabuwar igiya mai kauri wadda ko makaho zai shaida inda ƙwallo ya bi. Na sa babbar rigata ta Sallah, na rataya biro uku a aljihu. Anka yi la'asar da wuri, makaɗa sunka fara. Ƙarhe huɗu ta yi, ba baƙi. Huɗu da minti goma, ba baƙi, ba Mushe. Samari sun yi ɗumin jiki har sun huce. Mata na tsaye da ƙoren hura a ka. Kowa ya zuba wa hanyar kwari ido, ba abin da ya hito sai jaki guda, shi ma ba kowa bisansa.

Sule ya tako wurina yana huci. "Baba Sakatare, ka gani ko? Sun raina mu. Sun hi son a kore mu tare da su zo garinmu."

"Haƙuri, Sule," na ce. "Mutanen kwari ba su san agogo ba."

Amma sai na tuna saƙon nan da ban karanta har ƙasa ba. Na ce zan kewaya, na zagaya bayan rumbunan hatsi, na ciro salula, na karanta saƙon nan da yatsa, baƙi bayan baƙi, yadda anka koya mana a aji ɗaya. Layi na ƙarshe ya ce hili: Kwaren Tsamiya.

Jama'a, a nan ne mutumin kirki zai koma ya ce, "Ƴan'uwa, na yi kuskure, ku hau mota mu tahi." Magana ce da ba ta kai numfashi biyu ba. Amma ni sai na tuna biro ukun da ke aljihuna da kallon da na yi wa Sule. Na ce a raina, abin da yatsa ya ɓata a ɓoye, yatsa zai gyara a ɓoye. Na tattare riga, na bi ta bayan gidaje da sauri irin wanda ban yi ba tun ina saurayi, na hau tudun reso. Na shiga wurin gyara, na sauko da Kwaren Tsamiya ƙasa, na haye da garinmu sama (Allah ya sani sai da na ce astagfirullah), na danna kore. Abin ya yi ta juyawa, ya yi ta juyawa, can ya karɓa. Na share zufa. Yanzu saƙo zai je musu, su taho, in ce reso ne ya yi jinkiri, a yi wasa, sakatare ya kwana da mutuncinsa.

Da na dawo hili sai na tarar da kamiyon Alhajin garinmu, babbar motar ɗaukar albasa, yana gurnani, samari na ɗarewa baya, akuyar da anka dafa tana cikin tukunya bisa kan mota. Ashe lokacin da nake kan tudu, kahin gyarana ya isa, Mushe ya gaji da jira ya kira Sule da baki ya ce, "Kuna ina? Mu ga mu nan Kwaren Tsamiya tun ɗazu, hili ya cika."

"Baba Sakatare!" Sule ya ƙwala mini kira. "Wai can ne wasan! Yaya anka yi haka?"

Na gyara hula, na yi huskar masana. "Reso ne, Sule. Waɗannan abubuwa na zamani, in iska ta kaɗa sai su juya magana."

"To hau mu tahi, rana na gudu."

Sunka buɗe mini gidan gaba don girmamawa. Na zauna kusa da direba ina sane sarai cewa minti biyar da sunka wuce ni da yatsana na umarci mutanen can su taho nan. Bakina ya buɗe sau biyu zai yi magana, sau biyun duka hamma ce ta hito.

Hanya guda ce tsakanin garuruwan, siririya, tana gangarowa cikin duwatsu, kuma a gangaren nan salula ba ta da amfani sai duba lokaci. Muna kaiwa gindin dutse, inda gonakin hatsi sunka fara, sai ga ƙura gabanmu. Motoci masu ƙafa biyu sun hi ashirin, amalanke uku cike da mutane, Mushe bisa motonsa da usur a wuya, a tsakiya kuma Baba Maigari zaune kan amalanke da sandarsa bisa gwiwa. Anka yi cirko-cirko, hanci da hanci.

Ba wanda ya yi sallama. Samarinsu sunka diro, namu sunka diro. Wani dogo daga cikinsu, wanda ya rasa haƙorin nan bara, ya ce, "Ku mi kunka maida mu? Kun ce za ku zo, mun yanka dabba, mun tara tsohi cikin rana, sannan ku aiko wai mu mu taho? Wasa da hankali ne?"

"Wa ya aiko muku?" in ji Sule. "Mu da munka share hili tun sahe? Ku ne kunka juya abin!"

Na ga idanu sun fara neman kara, kuma gonar da ke gehenmu cike take da shi, an girbe an bar shi kwance. In hannu ɗaya ya duƙa, gasa ta tahi, shekara guda ta samarin nan ta tahi, kuma wa ya san ranar da uwar ɗiyana za ta sake shiga gidan ubanta da sakin huska. Duk na ga wannan. Amma abin da na yi shi ne na sauko daga mota na ɗaga hannu kamar mai huɗuba.

"Jama'a, ku kwantar da hankali! Ba laihin kowa ba ne. Na'ura ce ta rikice. Ni da na yi lekkol na san halinsu."

Mushe Idi, Allah ya saka masa, ya matso kusa da ni ya rage murya. "Baba, zo mu ɗan koma gehe, akwai abin da zan nuna maka."

Kun ga ƙofar rahama ta buɗe ko? Na sa ƙafa na rufe ta. Na ce da ƙarhi, "Mushe, ba ni da abin ɓoyo. Faɗi gaban kowa!"

Ya dube ni, ya dubi samarin da ke harare-harare, ya ga ba makawa. Ya ce manhajar nan tana da wani shahi da ke ajiye duk abin da anka taɓa, da wanda ya taɓa, da lokacin, kuma ya buɗe shi tun kahin su taso. Ya karanta a hankali yana fassarawa, kamar mai karanta sakamakon jarrabawa. Ranar Talata, sakataren Tudun Aduwa ya shirya wasa, mai masauki Kwaren Tsamiya. Yau Asabar, ƙarhe huɗu da minti ashirin da biyar, sakataren Tudun Aduwa ya canza, mai masauki Tudun Aduwa.

Har injin kamiyon ya mutu da kansa. Sule ya juyo a hankali ya ce, "Huɗu da ashirin da biyar? Ba lokacin da kac ce za ka kewaya ba ne?"

Sai na ji sanda ta bugi katakon amalanke. Baba Maigari ya ce, "Ku kawo mini shi nan."

Ba wanda ya kawo ni, ƙafafuna ne sunka san hanya. Na tuɓe takalmi cikin ƙaya, na durƙusa gindin amalanke da babbar rigata, idona a kan kofaton jaki.

"Kai, mijin ɗiyata. Mi ya sa kas sa mu a sama?"

Muryata ta hito siririya kamar ta ɗan akuya. "Baba, kunya ce. Ban iya ɗora sunan garinmu bisa naku ba. Ban san wanda ke sama shi ke karɓar baƙi ba."

Wani ya fara dariya can baya, anka ce masa shit. Tsohon ya gyaɗa kai. "Madalla. Wanga tarbiyya ce, na yaba. Shekara talatin da takwas kana gudu na a kasuwa, na san kana da kunya." Har na fara ɗauka na tsira. Sannan ya duƙo. "To yau kuma mi ya sa kas sauko da mu ƙasa? Kunyar ce ta ƙare ƙarhe huɗu da minti ashirin da biyar?"

Wallahi ban taɓa jin dariya irin wannan ba. Mai giɓin nan ya faɗi zaune cikin kara yana riƙe ciki. Sule ya dafa kafaɗarsa don kada shi ma ya faɗi, su biyun da bara sunka nemi kashe juna. Matan da ke kan amalanke sunka rangaɗa guɗa. Ni kuwa ina durƙushe ina roƙon ƙasa ta taimaka ta tsage, amma ƙasarmu ta Adar dutse ce, ba ta san tausayi ba.

Mushe ya dubi rana ya ce saura abin da bai kai awa ɗaya ba, ko mun hau tudu ko mun gangara kwari duhu zai riga mu. Mai gonar yana cikin taron, ya ce ga wuri. Wani Bahillace da ya sauke shanunsa a gonar suna cin kara ya kora su gehe, ya jingina da sandarsa ya zama ɗan kallo na farko. Samarin gari biyu sunka haɗu sunka kwashe karan da ɗazu suke harara, anka kafa dami biyu nan, dami biyu can a matsayin raga. Anka buga minti ashirin-ashirin, ana tsallake kashin shanu. Sun ci mu biyu da ɗaya, ba wanda ya ce uffan. Anka haɗa akuyarmu da hurarsu anka ci a tsaye. Ni ban ci ba, surukina na wurin.

Da Mushe ya zo shigar da sakamako, ya hau kan kamiyon yana neman reso, sai ya leƙo ya ce manhaja ta ƙi, wai sai an ba ta sunan hilin da anka buga, kuma gonar nan ba ta cikin jerinta. Mi za a rubuta? Kowa ya dubi Baba Maigari. Bai ko yi tunani ba.

"Rubuta Hilin Sakatare."

Haka anka rubuta, haka ta karɓa, kuma Lahadi da sahe sunan ekip biyu ya hito cikin gasa. Har yau in ka buɗe jerin hilayen kwamin ɗinmu za ka gan shi. Sauran mutane sai sun gina masallaci ko sun haƙa rijiya kahin a sa wa wuri sunansu, ni barcin rana ɗaya ya ishe ni.

Ba a tsige ni ba, sai dai yanzu lambar Sule ce ke karɓar saƙo, ni kuma ina sa hannu a inda anka nuna mini. Abin da na koya da tsufana shi ne, kuskuren farko kowa na yahe shi, har a yaba maka tarbiyya. Na biyu, wanda ka lallaɓa bayan rumbu don ka binne na farko, shi ne ake karanta maka gaban surukinka, da awarsa da mintinsa.